Lawali Bai Faɗo Daga Gini Ba

Duk wanda ka tambaya a unguwarmu a Gazawa zai ce maka Lawali ya faɗo daga saman gini ne a ƙasar Larabawa, ya rasu. Haka aka faɗa wurin zaman makoki, haka liman ya faɗa ranar sadakar uku, haka yake rubuce a takardar da Inna ta naɗe cikin leda ta sa ƙasan akwatinta. Ba haka aka yi ba. Kuma ba sai an wahala wajen neman wanda ya kawo ƙaryar ba. Ni ce na sa hannu a takardar, ni ce na kira gida na faɗa.

Lawali yayana ne, ciki ɗaya, ya girme ni da shekara shida. Ya yi shekara uku yana aikin gini a can kafin in bi shi. Na faɗi bak, jarrabawar gama sakandare, sau biyu, na ce ba zan sake zama aji ɗaya da ƙannen ƙawayena ba, shi kuma ya ce ana samun aikatau a gidajen garin. Ba zan faɗi sunan garin ba. Har yau akwai mutanenmu a cikinsa, kuma ba su da takarda.

Hanya ba zan ja labarinta ba, kowa ya ji irinsa. Daga Agadas aka loda mu bayan mota, kowa da sanda kafe tsakanin ƙafafunsa yana riƙo kada ya faɗi. A kwana na uku direba ya tsaya tsakiyar rairayi, ya nuna wani tudu, ya ce gari na bayansa, mu ƙarasa da ƙafa saboda jandarma masu sintiri. Muka hau tudun, ba komai bayansa sai wani tudun. Da muka waiwaya, ƙurar motarsa kawai muka gani. Wuni guda muna tafiya. Abin da na riƙe daga wannan rana wata Buzuwa ce da muka iske bakin bukkarta. Ba ta jin Hausa, ba na jin yarenta. Ta dubi ƙafafuna, ta zaunar da ni, ta shafa mini mai inda suka tsage, ta ba ni nono a akushi. Ko sunanta ban sani ba.

Lawali ya tarbe ni a tasha. Da ƙyar na gane shi. Siminti ya cinye masa tafin hannu, wuyansa ya yi tsawo.

"Kwamanda, kin iso?" Haka yake kirana tun ina ƙarama, wai ba na roƙo, oda kawai nake bayarwa.

"Na iso. Kai ina sauranka? Rabinka nake gani."

"Rabin na gida. Shi ne rufin kwanon da kike kwana ƙarƙashinshi."

Kafin mu kai masauki ya karanta mini dokokinsa. "A nan ba ki jin Faransanci, ba ki jin Larabci, ba ki jin komai. In an kira ki da wani suna a hanya, ba da ke ake ba. In kin ga polis, dubi takalminki."

"To me na je yi makarantar lise shekara da shekaru?"

"Faɗuwa bak," ya ce, ya kauce kafin in kai masa duka.

Gidan da na samu aiki na wata mata ce mai 'ya'ya huɗu. Ba ta taɓa dukana ba, a faɗi gaskiya. Amma ranar farko ta ɗaura jan zare a hannun wani kofi ta ajiye shi ƙarƙashin wurin wanke-wanke, kusa da sabulu, ta nuna mini shi ta nuna bakina. Autarta takan goga yatsa a hannuna ta duba ko ya yi baƙi. Da matar ta iske ni ina salla sai ta tsaya tana kallo har na sallame, ta ce ashe mu ma muna yi. Na ce da ita cikin raina, kakana ya sauke Alƙur'ani tun kafin a haifi ubanki. A fili kuwa na dubi takalmina.

A titi suna da wata kalma, kahlusha, wato baƙa. Yara na faɗi, manya na faɗi, mai shago na faɗi yana miƙa maka burodi da bakin yatsu. Wata huɗu ina haɗiye ta. Duk wanda ya san ni a Gazawa ya san wannan ba ƙaramin aiki ba ne.

Juma'a ce hutuna. Lawali yakan tuƙa mana tuwo da garin alkamarsu, ya kaɗa kukar da Inna ta ƙullo mini. Ba ya kama da tuwon gero ko kusa, amma mukan ci mu yi shiru. Wata rana ya ce shi abin da yake kewa ba abinci ba ne, hayaniyar 'yan kabu-kabu ce bakin tasha ranar kasuwa, suna zagin juna suna dariya. Ya ce a nan ko dariya za ka yi sai ka duba bayanka.

Wata Juma'a bayan an sauko masallaci muka shiga kasuwa sayen bargo, za mu aika wa Inna kafin sanyi. Muna tsaye wurin jiran bas, bargon na hannuna, sai ga motar polis. Biyu suka sauko suka ce takardu. Lawali ya sunkuyar da kai yana ta "sannu, sannu" kamar bai san abin da ake cewa ba. Ɗaya ya juya wurin ɗan'uwansa ya ce da Faransanci, ya loda waɗannan dabbobin amma ya buɗe taga saboda wari. Sannan ya dube ni daga sama har ƙasa ya ƙara wata magana da ba zan rubuta ba.

Ban yi shawara da kowa ba, ko da kaina. Na ɗaga kai na ce masa da Faransanci mai kyau, irin wanda malamina ya sha wahalar koya mini, mun ji abin da ya ce, mu mutane ne, kuma mun yi wanka yau Juma'a, shi fa?

Ya ɗaga kulki. Lawali ya shiga tsakaninmu ya riƙe kulkin. Riƙewa kawai ya yi, ina wurin. Nan take wasu biyu suka diro daga mota. Ɗaya ya hankaɗe ni na faɗi kan bargon. Mutane cike da wurin, kowa ya samu abin kallo a wani gefen. Aka murɗe masa hannu baya, amma da ƙafafunsa ya taka ya hau motar, ba inda ke masa jini. Kafin a rufe ƙofa ya ce, "Tafi gida, Kwamanda. Riƙe bargon."

Kwana uku ina zuwa komisariya, ofishin polis. Ranar farko suka ce ba su da shi. Rana ta biyu suka ce ba su da mai wannan suna. A bakin ƙofa wani ɗan ƙasarmu mai tsabtar kaya ya tare ni da Hausa, ya ce ya san babbansu, amma ƙofa ba ta buɗuwa da hannu wofi. Na ba shi wayata da 'yan kunnena. Ya ce in jira ƙarƙashin bishiya. Na jira har la'asar sakaliya. Rana ta uku mai gadi ya kore ni tun daga bakin titi.

A rana ta huɗu Alhaji Tukur ya aiko kirana. Shi ne wanda 'yan Nijar na garin suka ɗauka shugaba, shi ke shiga tsakani in wani abu ya taso. Ya ce in same shi asibiti. Tun daga nan na sani.

Fuskarsa kawai aka buɗe mini, sauran jikin na naɗe cikin zane an ɗaure. Shi ne. Sai aka kai ni wani ofis aka miƙo takarda. Alhaji ya nuna mini inda zan sa hannu, yana zaton ba zan karanta ba. Na karanta. An rubuta cewa ya faɗo daga hawa na uku a wurin aiki ranar Asabar.

"Alhaji, ranar Asabar yana hannunsu."

"Yi a hankali, yarinya."

"A gabana suka ɗauke shi. Wane gini ya hau cikin komisariya?"

Ya ja ni gefe. "Saurara. Ko ki sa hannu a ba mu shi mu yi mishi sutura yau, ko ya zauna cikin sanyin nan har su gaji su binne shi ba wanka ba salla. Na ga an yi. Kuma in kin tada magana, gobe a kwashe unguwarmu gaba ɗaya. Zaɓi."

Na sa hannu. Da wayar Alhaji na kira Kawu a Gazawa, yana tsaye kusa da ni, na ce Lawali ya faɗo daga gini. Takardar kuma daga baya ya ba wani mai komawa gida ya kai wa Inna. Da na fito na jingina da bango. Wata tsohuwa mai shara, Balarabiya, ta ajiye tsintsiyarta ta jawo kujera ta zaunar da ni. Ta riƙe hannuna da hannayenta biyu, ta daɗe ba ta saki ba. Ita kaɗai ce 'yar garin da ta taɓa fatata ba don ta duba wani abu ba.

Akwai wani dattijo, Baba Ɗan Tani, mutumin Cadakori, yana gyaran takalma bakin masallacin unguwar da muke zaune a can. Duk ɗan Nijar da ya rasu a garin shi ke masa wanka. Ni mace ce, ba na shiga wurin wanka, ba na zuwa maƙabarta. Na zauna jikin bango daga waje ina jin zubar ruwa. Ya leƙo ya ce a kawo auduga. Aka kawo. Can ya sake leƙowa ya ce a ƙaro. Daga baya suka fito da shi a makara.

Washegari na je inda yake zama.

"Baba, me ka gani jikin Lawali?"

Bai ɗago daga takalmin da yake ɗinki ba. "Ɗiyata, mai wankan gawa ba shi da baki. Abin da yag gani, ruwa ya tahi da shi."

Na san wannan. Kowa ya sani, tun muna yara ake faɗa mana wanda ya wanke mamaci amana ya ɗauka, ba ya fallasa abin da ya gani. Amma ni ba fallasa nake nema ba. Ina son in san ko wani ciwo ne ya kama shi a ciki, ko duka ne. Don in duka ne, to bakina ne ya ɗaga kulkin.

Bayan sati na koma. Ya ce in yi masa addu'a, ita ce ke isa gare shi. Na ce addu'a ina yi, amsa nake so. Ya ce, "Ke ba ki da haƙuri." Na ce ban zo da shi ba.

Zuwa na uku na yi abin da bai kamata ba. A gaban mutane na ce, "Baba, ba addini ba ne ya rufe maka baki. Tsoro ne."

Sai ya ajiye basilla ya dube ni. Na ɗauka zai zage ni. Ya ce, "Duka biyun ne, ɗiyata. Tashi ki tahi."

Wata biyu na ci gaba da wanke kwanukan matar nan ina sha da kofi mai jan zare. Ta tambaye ni sau ɗaya me ya sa idona ke kumbura, na ce yayana ya rasu. Ta ce Allah ya ji ƙansa, ta nuna mini labulen da ke son wanki.

Wata safiya na fito sayen burodi aka yi kame. Ba tambaya, ba takarda, launin fata kawai ake dubawa. Aka tara mu wani fili mai katanga, maza da mata da jarirai, har da wani mai fasfo a hannu yana ta ɗaga shi ba mai kallo. A can gefe na hango Baba Ɗan Tani zaune a ƙasa, ba hula, riƙe da jakar kayan aikinsa. Shekara goma sha ɗaya a garin, da jakar nan kaɗai ya fita.

Kwana biyu a bas, sannan kamiyo, babbar motar kaya. Aka sauke mu cikin rairayi da hantsi, aka nuna kudu da bakin bindiga, aka ce ga ƙasarku can. Muka kama tafiya. Tsohon ya fara zama baya, ya tsaya, ya dafa gwiwa. Ina jin haushinsa har lokacin, amma na koma na karɓi jakar, na ba shi sauran ruwana. Ya dafa kafaɗata muka ci gaba. Da yamma muka kai garin farko na Nijar, inda akwai famfo da rumfuna. Ya sha ruwa, ya yi alwala, ya rama sallolinsa a zaune. Sannan ya kira ni.

"Zamna nan. Wata biyu ina juya maganarki."

Na zauna.

"Na wanke waɗanda sunka hwaɗo daga gini, ba ɗaya ba, ba biyu ba. Wanda ya hwaɗo, gehe guda ka karyewa. Kuma za ka iske siminti cikin gashinai, cikin kunne, ƙarƙashin akaihwa. Lawali ba ƙurar siminti ko ɗaya jikinai. Tahin ƙahwahunai duka biyu sun hwashe. Wuyan hannu da shaidar ɗauri har ya shiga nama. Haƙarƙari dama da hagu sun tahi. Bayanai kuwa, shi ne audugar da kika ji ina nema."

Ban yi kuka ba a lokacin. Na ce, "To me ya sa yanzu?"

"Rabin dalilin mun baro shi bayan tudun can. Saura rabin, shi na daɗe ina tunani. Abin da aka ce mu ruhe, aibin mamaci ne, kada a kunyata shi bayan ba shi iya kare kainai. Wanga ba aibin Lawali ba ne. Aibin wasu ne. Ni ina zaton ina suturta shi, ashe su nike suturtawa."

Na ce masa ni ce na ja wa Lawali. Na ba shi labarin wurin jiran bas, kalma da kalma. Ya saurara har ƙarshe. Bai ce ba laifina ba ne, kuma na gode masa da bai ce ba, don da ban yarda ba. Cewa ya yi, "Ke kin yi magana, shi ya riƙe sanda. Daga nan zuwa abin da nig gani akwai kwana guda cur, kuma ba ki cikin ɗakin."

A Maradi muka rabu, shi ya nufi yamma ni na nufi gabas. Ya ce ba zai yi ta yawo da maganar a kasuwa ba. Amma in uwar yaron ta so ji, zai zo ya faɗa mata da bakinsa.

Na iso gida ba bargo, ba waya, ba komai. Inna ta rame, amma ta samu abin da ta jingina da shi. Mata sun gaya mata wanda ya rasu wurin neman halal ya yi kyakkyawan ƙarshe, kuma faɗuwa ba ta da jinya, nan take ne. Takan ce, "Alhamdu lillahi, bai sha wuya ba." Duk lokacin da ta faɗa sai in tashi in shiga ɗaki.

Na gaya wa Kawu gaskiya a zaure. Ya ce, "Rakiya, wa za ki kai ƙara? A wace kotu? Uwarki ta fara cin abinci. Ki bar ta da abin da take da shi."

Na bari. Wata uku na bari, ina ganin Kawu ya fi ni hankali.

Shekaranjiya wasu samari biyu na maƙwabta suka shigo yi wa Inna sallama, za su tafi can. Ta sa musu albarka, ta ba su ƙullin kuka. Sannan ta riƙe hannun babban ta ce, "Abu ɗaya nake roƙonku. Kada ku hau gini. Ku nemi aikin ƙasa ko da ba shi da tsoka. In kuna ƙasa ba abin da zai same ku." Suka ce to, Inna. Ina tsaye bakin murhu da muciya a hannu. Na bi su har waje na gaya musu abin da zan iya cikin minti biyu, suka dube ni kamar wadda Sahara ta taɓa wa kai, don duk gari an san yadda Lawali ya rasu, kuma daga bakina aka sani.

Jiya na samu lambar ɗan Baba Ɗan Tani, na ce a gaya masa ina tafe. Ranar Alhamis zan hau mota zuwa Cadakori in zo da shi. Kawu ya ce in na yi haka ba ruwansa, na ce na ji. Amma ba zan bar tsohon ya fara ba. Kafin ya shigo zan shimfiɗa tabarma ƙofar ɗakin Inna, in fiddo takardar nan daga akwatinta, in karanta mata ita da Hausa, in nuna mata inda na sa hannu. Sannan in gaya mata abin da na ce wa ɗan sandan. In ta kore ni daga gidan, ta kore ni. In ta ce tana son jin sauran, sai in leƙa zaure in ce Baba ya shigo.